Tambaya da Amsa: Me Ya Sa Finafinan Cristian Mungiu Ba Su da Kiɗa?

Tambaya: Assalamu alaikum. A shagon cajin waya na ƙauyenmu aka tura mini wani fim na ƙasar Romaniya mai suna Bacalaureat. Tun daga farko har ƙarshe babu waƙa, babu rawa, kuma kyamara takan daɗe a kan mutum ɗaya ba a yanke ba. Shin rashin kuɗi ne ya jawo haka? Kuma wane ne daraktan? (Daga wani malamin firamare a karkarar Ringim, Jihar Jigawa)

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam. Abin da ka gani tsari ne da daraktan fim ɗin, Cristian Mungiu, ya zaɓa da gangan, ba talauci ba. An haife shi a birnin Iași na ƙasar Romaniya a 1968, ya karanci adabin Ingilishi, ya taɓa koyarwa da aikin jarida, kafin ya tafi Bukarest ya koyi harkar fim. Shi yake rubuta labaransa, shi yake ba da umarni. Fim ɗin da ya fito da shi duniya a 2007, wanda sunansa ke nufin "Wata 4, Mako 3 da Kwana 2", ya ci babban kambun bikin finafinai na Cannes a Faransa. Wanda ka kalla kuwa ya samar masa kambun gwarzon darakta a can a 2016, wanda ya raba da wani Bafaranshe.

Mungiu yakan ɗauki fitowa guda da ɗauka guda, kuma ba ya ɗora kiɗa a ƙarƙashin hoto, domin kiɗa shi ne ke gaya wa mai kallo inda zai ji tausayi. A fim ɗin 2007, wanda labarinsa ya faru a zamanin mulkin Ceaușescu, tsohon shugaban Romaniya, lokacin da dokar 1966 ta haramta zubar da ciki, akwai fitowar da wata ɗaliba take zaune a walimar gidan su saurayinta, manya suna ta surutu, alhali hankalinta yana wurin ƙawarta mai ƙoƙarin zubar da ciki a ɓoye, wadda ta baro cikin hatsari a ɗakin otal. Kyamara ba ta motsa ba na tsawon mintuna, har zaman ya ishi mai kallo kamar yadda ya ishe ta. Da an yanyanka fitowar, da mun samu hutun da ita ba ta samu ba.

Ina ganin, tunda kai malami ne, Bacalaureat ya fi kusa da kai. Likita ne mai mutunci yake neman alfarma don a gyara wa 'yarsa sakamakon jarrabawa, bayan an kai mata hari kwana guda kafin ta fara, don kada ta rasa gurbin karatu a Ingila. Mu da muka saba da waƙa a tsakiyar labari za mu ji fim ɗin salam da farko. Ka sake kallon fitowar da uban yake lallashin 'yar ta yarda da shirin, ka lura da tsawon lokacin da daraktan ya bar su tare bai yanke ba.