Tambaya da Amsa: Yadda Ƙananan Masana'antun Giya Suka Mutu Suka Farfaɗo a Turai da Amurka

Tambaya: Ni ɗalibi ne mai nazarin tarihin masana'antu. A karatuna na ci karo da cewa an yi lokacin da masana'antun giya a Amurka ba su kai ɗari ba, amma yanzu sun haura dubu tara, kuma akasarinsu ƙanana ne da ke sayar da hajarsu a yankunansu. Me ya kashe su tun farko, me ya dawo da su, kuma me ya sa ake danganta kowane nau'in giya da wani gari?

Amsa: Malam, mun gode da wannan tambaya. Hukuncin giya a Musulunci da illar da take yi wa lafiya sanannu ne, kuma ba su ka tambaya ba, saboda haka za mu tsaya a kan tarihin sana'ar, wanda yake ɗaya daga cikin misalai mafi bayyana na yadda doka da haraji ke kashe ƙaramar sana'a ko su raya ta.

Bari mu fara da tambayarka ta ƙarshe, domin ita ce tushen sauran. Kafin zuwan jirgin ƙasa da na'urar sanyaya kaya, mafi yawan giya ba ta jure doguwar tafiya, don haka kowane gari a Turai yakan dafa tasa da ruwan da ke ƙarƙashin ƙasarsa da hatsin da manomansa suka noma. Ruwan kuwa ba iri ɗaya ba ne. Na garin Burton da ke Ingila yana ɗauke da ma'adinin jifsom mai yawa, wanda ke fito da ɗacin furen hof, wato tsiron nan mai yaɗo da ake zubawa a tukunya don ƙamshi da hana lalacewa, shi ya sa garin ya shahara da giya mai haske da ɗaci. Ruwan garin Pilsen da ke ƙasar Cek kuwa kusan babu ma'adini a cikinsa, kuma a can ne Josef Groll ya dafa giya mai launin zinariya a 1842, wadda daga baya duniya ta kwaikwaya. A kwarin kogin Senne kusa da Burasels, babban birnin Beljiyam, ana barin ruwan hatsin da aka dafa ya kwana a buɗe cikin faffaɗan mazubi, yis ɗin da ke yawo a iska ya sauka a kansa ya tsima shi. A yankin Bavariya na Jamus kuma dokar 1516 ta taƙaita kayan haɗi ga ruwa da sha'ir da hof. Ka ga ke nan bambancin yanki a wancan zamani tilas ce ta haifar da shi, babu wanda ya zaɓa.

Kimiyya ce ta fara rushe wannan tilas. Louis Pasteur ya wallafa bincikensa kan giya a 1876, inda ya nuna cewa ƙananan halittu ne ke lalata ta. A cikin shekarun 1870 Carl von Linde ya ƙera na'urar sanyi da masu dafa giya suka runguma, sannan a 1883 Emil Christian Hansen na ɗakin binciken Carlsberg a Kofanhagan ya ware tsantsar yis iri guda. Daga nan babban kamfani ya samu ikon yin giya mai ɗanɗano ɗaya rani da damina, ya kuma aika ta nesa ba ta ɓaci ba, alhali ƙaramin mai dafawa ba shi da jarin sayen waɗannan injuna.

A Amurka akwai masana'antun giya 4,131 a shekarar 1873. Adadin ya riga ya fara raguwa kafin dokar haramta giya ta fara aiki a 1920, kuma shekaru goma sha uku da dokar ta yi, har zuwa 1933, sun ƙarasa da yawa daga cikin ƙananan. Manyan sun rayu ta hanyar sayar da wasu kayayyaki kamar yis da lemo da askirim, da aka ɗage dokar kuma suka dawo da ƙarfinsu, suka yi amfani da gwangwani da manyan motoci da tallan talabijin suka mamaye kasuwa, suna saye ƙananan suna rufewa. Zuwa ƙarshen shekarun 1970 masana'antun da suka rage ba su kai ɗari ba, kuma kusan dukkansu abu ɗaya suke yi. A Birtaniya ma kamfanoni shida ne suka mallaki mafi yawan giyar da ake sha tare da dubban mashayu, ta yadda mai mashaya ba shi da ikon sayar da hajar wani.

Farfaɗowar ta soma da mutane ƙalilan. A 1965 Fritz Maytag ya sayi mafi yawan hannun jarin Anchor, wata tsohuwar masana'anta a San Faransisko da ke dab da rufewa, ya tsaftace ta ya koma ga tsantsar sha'ir. A 1976 Jack McAuliffe, wanda ya saba da giyar Sikotland lokacin da yake sojan ruwa, ya kafa masana'antar New Albion a garin Sonoma da ke jihar Kalifoniya. Babu mai ƙera injin da ya dace da ƙaramin aiki irin nasa, saboda haka ya tattaro tsofaffin tankunan madara da durom-durom na ƙarfe ya yi musu walda da hannunsa. Kamfanin ya durƙushe a 1982 saboda rashin jari, amma waɗanda suka ziyarce shi sun ga cewa abin mai yiwuwa ne. Cikinsu har da Ken Grossman, wanda ya buɗe Sierra Nevada a garin Chico a 1980, ya gina sunansa a kan wani irin hof mai ƙamshin lemon tsami da ake kira Cascade, wanda masu binciken noma a jihar Oregon suka fitar a 1972.

A ganina, abin da masu ba da wannan labari suka fi rage wa daraja shi ne rawar da doka ta taka, domin ana son a ce hazaƙar wasu jarumai ce kawai. A watan Oktoba na 1978 Shugaba Jimmy Carter ya sa hannu a dokar da ta halatta wa baligi dafa giya a gida don amfanin kansa, galan 100 a shekara, ko 200 ga gidan da ke da manya biyu ko fiye. Wannan doka ce ta zama makarantar sana'ar, domin da yawa daga cikin masu masana'antun da suka biyo baya a ɗakin girki ko garejin mota suka koyi aikin. A farkon shekarun 1980 wasu jihohi kamar Washinton da Kalifoniya suka ba mai dafawa izinin sayarwa kai tsaye a wurin da ya dafa, abin da ya raba shi da dogaro ga dillalai. A Birtaniya ƙungiyar masu saye ta CAMRA, wadda aka kafa a 1971 don kare giyar gargajiya da ke ƙarasa tsimuwa a cikin ganga, ta yi ta matsa wa gwamnati lamba. A 1989 aka tilasta wa manyan kamfanoni sakin mashayu masu yawa, a 2002 kuma aka rage wa ƙananan masu dafawa haraji, sai adadinsu ya yi ta hauhawa. Misalin Japan ya fi kowanne fitowa fili: a 1994 aka rage mafi ƙarancin abin da mai neman lasisi zai iya samarwa a shekara daga kilolita 2,000 zuwa 60 (kilolita ɗaya lita dubu ce), nan da nan ƙananan masana'antu suka tsiro a larduna. Masu sha'awa da masu basira suna nan tun da daɗewa a duk waɗannan ƙasashe, ƙofa ce take rufe.

A 2015 Amurka ta wuce adadin 1873 a karo na farko, bayan shekara 142, daga baya kuma ta haura dubu tara ɗin da ka ambata.

Tambaya: Wata mai karatu kuma ta tambaya ko waɗannan masana'antu har yanzu ƙanana ne masu cin gashin kansu, ko dai suna ne kawai ya rage.

Amsa: Malama, wannan ita ce muhawarar da ta fi zafi a cikin sana'ar. Ƙungiyar masu dafa giya ta Amurka ta ce kamfani yana cikin rukunin ƙanana masu cin gashin kansu idan abin da yake dafawa bai wuce ganga miliyan 6 a shekara ba, kuma idan hannun jarin da babban kamfanin barasa ya mallaka a cikinsa bai kai kashi 25 cikin ɗari ba. Ganga ɗaya kusan lita 117 ce, don haka wanda ke kusa da wannan iyaka da wuya a kira shi ƙarami a kowane ma'auni. Manyan kamfanoni kuma, da suka ga kasuwa tana zame musu, sai suka koma saye. Anheuser-Busch ya sayi Goose Island na Shikago a 2011, Constellation Brands ya biya dala biliyan 1 ya sayi Ballast Point a 2015, sannan ya rabu da shi bayan shekara huɗu. Mai saye yana ganin tsohon tambari da sunan garinsu a jikin kwalba, alhali riba da shawara sun koma wani wuri. Abin da ya fi taɓa ni shi ne makomar Anchor, wadda da ita aka fara: kamfanin Sapporo na Japan ya saye ta a 2017, aka rufe ta a 2023, ma'aikatan da suka yi shekaru a cikinta suka rasa aikinsu.

Akwai kuma wani sauyi da ya shafi ma'anar yanki kanta. A yau mai dafawa a kowace nahiya yana iya tace ruwansa ya zuba masa ma'adinai ya zama kamar na Burton, ya yi odar hof daga kwarin Yakima na jihar Washinton da yis daga ɗakin bincike, saboda haka giyar garuruwa masu nisa da juna takan fito da kama ɗaya. Abin da ya rage na yanki a mafi yawan wurare shi ne mallaka da ma'aikata da masu saye. Inda tsohuwar alaƙa da ƙasa ta fi tsira shi ne Beljiyam, wadda UNESCO ta sanya al'adar giyarta cikin gadon ɗan Adam a 2016, da kuma yankin Farankoniya na Jamus, inda ƙauyuka da yawa ba su taɓa rasa masana'antunsu na iyali ba tun farko.