Tambayoyinku da Amsoshinsu: Littattafan Falsafa da Auna Magana

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ni ɗalibi ne a Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo, ina karanta ilimin sinadarai. A darussan gama-gari an ɗan koya mana mantiƙi, wato ilimin auna hujja, da falsafa, abin ya shiga raina, har ina son in nemi littattafai in ƙara karatu. Amma kawuna, wanda shi ya riƙe ni tun ina ƙarami, ya ce falsafa ƙofar ɓata ce, kuma malamai sun haramta ta. Shin haka ne? In ba haka ba ne, da wane littafi zan fara? Daga wani ɗalibi, Runjin Sambo, Sakkwato.

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗana. Kada ka ɗauki maganar kawunka a matsayin jahilci, domin akwai manyan malaman da suka riga shi faɗin ta. Ibnus Salah da Imam Nawawi duk sun haramta karatun mantiƙi. Sai dai maganar ba ta tsaya a kansu ba, kuma wanda ya fi kowa taƙaita saɓanin mutum ne da babu zauren karatu a Sakkwato da bai san shi ba, wato Abdurrahman al-Akhdari, mai littafin Ahalari da yara ke fara koyon tsarki da salla da shi. Shi ɗin dai ne ya rubuta waƙar mantiƙi mai suna Sullam, kuma a cikinta ya kawo ra'ayi uku: na masu haramtawa, da na masu cewa ya kamata a koya, da kuma wanda ya kira mashahuri ingantacce, wato halacci ga mai lafiyayyen hankali wanda ya riga ya goge da Alƙur'ani da Sunna. Idan za ka koma wurin kawu, da wannan za ka fara, cikin ladabi, saboda mawallafi ne da ya riga ya yarda da shi.

Imam Gazali, wanda ya rasu a 1111, shi ne aka fi kafa hujja da shi wajen hana falsafa, alhali kuwa abin da ya yi ya fi haka zurfi. Sai da ya karanci falsafar har ya rubuta littafin da ya bayyana manufofin masu ita dalla-dalla, sannan ya rubuta Tahafutul Falasifa, inda ya yi musu raddi a kan mas'aloli 20, ya kafirta su a kan uku kaɗai: cewa duniya ba ta da farko, da cewa Allah bai san ɗaiɗaikun abubuwa ba, da musun tashin jikkuna ranar alƙiyama. A cikin ƙaramin littafinsa Almunƙizu minad Dalal ya rarraba ilimomin falsafa, ya ce lissafi da mantiƙi ba su da abin da addini zai musa, har ya yi kashedi game da jahilin masoyin addini wanda yake ƙaryata lissafin husufin rana da wata da zaton yana kare Musulunci, domin duk wanda ya san lissafin da tabbatacciyar hujja, in ya ji haka, addinin zai yi wa mummunan zato. A ganina wannan kashedi ya fi dacewa da zamaninmu fiye da zamanin da aka rubuta shi.

A ƙasarmu ma wannan karatu ba baƙo ba ne. Shaihu Magili, wanda ya zauna Kano a zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, ya yi musayar baitoci da Imam Suyuɗi na Masar, Suyuɗi yana hana mantiƙi, Magili yana kare shi. A nan gida kuma akwai Abdulƙadir ɗan Tafa, jikan Shehu Usmanu ta wajen 'yarsa Khadija, wanda aka haifa a 1804 ya rasu a 1864. Ya koyar a Salame, ya rubuta tarihi a cikin Raudatul Afkar, ya kuma yi rubuce-rubuce a kan falsafa da asalin halitta, kuma Bajamushe mai yawon bincike Heinrich Barth, da ya sadu da shi a 1853, ya yaba zurfin iliminsa ƙwarai. Abin takaici ne a ce ɗalibin Sakkwato ya san sunan masana falsafar Girka, Aflaɗon da Arisɗo, amma bai taɓa jin sunan ɗan Tafa ba.

Game da inda za ka fara, shawarata ita ce ka nemi malamin da zai karantar da kai Sullam baiti bayan baiti, domin mantiƙi ilimi ne na motsa jini, sai ana yi ana gyara maka. Daga nan ka karanta Almunƙizu, gajere ne kuma labarin mutum ne da ya yi fama da shakka har ya fita. Bayan su sai farkon Muƙaddima ta Ibn Khaldun, wadda ya rubuta a 1377, kuma a nan nake son ka daɗe. Ibn Khaldun ya lissafa dalilan da ke sa ƙarya ta shiga cikin labari, kamar son zuciya ga wani ɓangare, da yawan amincewa da mai ba da labarin, da neman kusanci ga masu mulki ta hanyar yabo, sannan ya ce mafi girmansu shi ne rashin sanin yadda al'amuran zaman jama'a suke gudana. Ya kawo labarin da masanin tarihi Mas'udi ya ruwaito na wani birni da aka gina shi kacokan da tagulla a hamadar Sijilmasa, ya ce matafiya da 'yan jagora sun ratsa wannan hamada ba su gan shi ba, kuma tagullar da ake samu ba ta wuce ta ƙera kwanuka da kayan gida ba, balle a gina birni da ita. Ka lura bai tsaya binciken ko mai ruwaya mutumin kirki ne ba. Ya fara da tambayar ko abin da kansa zai yiwu. Duk saƙon da aka turo maka a WhatsApp yana buƙatar a yi masa wannan tambaya kafin a tura shi gaba.

Idan ka samu wannan tushe, littafin Bertrand Russell na 1912, The Problems of Philosophy, zai yi maka sauƙi, kuma zai nuna maka yadda Turawa suke tattauna abin da hankali zai iya sani. Russell bai yarda da addini ba, ya kamata ka san haka tun farko, amma sanin akidar marubuci ba ya hana a auna hujjarsa. Ga misali daga gida: Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, a cikin Infaƙul Maisuri, ya kawo wasiƙar da Shehu Muhammad al-Kanemi na Barno ya aiko yana sukan jihadi da kaifin harshe, ya rubuta ta a littafinsa, sannan ya amsa. Da ya so da ya ɓoye ta.

Tambaya: Malam, barka da aiki. Ina koyar da kimiyya a wata makarantar sakandare ta 'yan mata. Ɗalibaina sukan tambaye ni, tunda masana kimiyya suna faɗin abu yau su sauya gobe, me ya sa za a fifita maganarsu a kan ta mai maganin da ke talla da lasifika a kasuwa, wanda shi kullum magana ɗaya yake yi? Ina neman littattafan da za su taimake ni in ba su amsa. Daga wata malama, Mabera.

Amsa: Malama, Allah ya saka miki da alheri da ba ki kashe musu wannan tambaya ba, domin ita ce tambayar da falsafar kimiyya duka ta ginu a kanta. Amsar da ta fi shahara ta fito ne daga Karl Popper, ɗan ƙasar Ostiriya, a littafinsa na 1934 da aka fassara zuwa Turanci a 1959 da sunan The Logic of Scientific Discovery. Abin da ya ce shi ne, magana ba ta zama ta kimiyya sai ta bayyana abin da in ya faru za a gane ƙarya ce. Misalin da ya fi burge shi shi ne na Einstein, wanda ya ce nauyin rana yana lanƙwasa hasken taurari, ya kuma faɗi gwargwadon lanƙwasar. A husufin rana na 1919 masana suka tafi tsibirin Principe, nan kusa da mu a mashigin tekun Gini, suka auna. Da ba su ga lanƙwasar ba, da maganar Einstein ta rushe, kuma kowa ya san haka tun kafin a tafi. Mai lasifika kuwa, in kin warke maganinsa ne, in ba ki warke ba ai ba ki kiyaye ƙa'idar sha ba, ko kuma ciwon ya yi nisa. Babu sakamakon da zai ƙaryata shi, shi ya sa maganarsa ba ta sauyawa.

Ki ba su labarin gyambon ciki, tunda babu gidan da ba a san shi ba. Likitoci sun daɗe suna ɗora laifin a kan damuwa da yawan tsamin ciki, har wasu likitoci biyu 'yan Ostireliya, Barry Marshall da Robin Warren, suka ce ƙwayar cuta ce ke jawo mafi yawansa. Ba a yarda da su nan take ba, har Marshall ya sha ruwa mai ɗauke da ƙwayar a 1984 don ya nuna tana kumbura ciki. Da gwaje-gwaje suka taru aka sauya magani, aka ba su kyautar Nobel a 2005. Sauyin ra'ayin nan shi ne dalilin da yau ake warkar da ciwon. Sai ki kwatanta musu da abin da ya faru a Nijeriya a watan Agusta na 2014, lokacin cutar Ebola, da saƙo ya bazu cikin dare cewa a yi wanka da ruwan gishiri a kuma sha, mutane suka kwanta asibiti, wasu suka rasa rayukansu, ba tare da kowa ya tambayi wa ya gwada ba.

Littafin Thomas Kuhn na 1962, The Structure of Scientific Revolutions, yana da nauyi, amma ke malama ya kamata ki leƙa shi, saboda yana gyara wa Popper zama: masana ma mutane ne, sukan manne wa tsohon tsari har sai matsaloli sun yi masa yawa. Don aikin aji kuma, ɗan littafin Darrell Huff na 1954, How to Lie with Statistics, ya fi duka amfani, domin yana nuna yadda ake yaudara da ƙididdiga da zane. Kada kuma ki manta da Ibnul Haisam, masanin haske da gani wanda ya rasu a Alƙahira wajen 1040, wanda ya rubuta littafi guda a kan shakkunsa game da Badlamus, masanin taurarin da kowa ke yi wa kallon wanda ba a ja da shi a lokacin.

Tambaya: Ranka ya daɗe, ni tsohon ma'aikaci ne mai 'ya'ya da jikoki. Abin da ke damuna shi ne, yaron da aka koya wa tambayar komai, ba zai tashi marar kunya ba? Daga wani dattijo, Gidan Igwai.

Amsa: Baba, Allah ya ƙara girma. Damuwarka tana da tushe, domin duk mun ga matashin da ya karanta littafi biyu ya dawo yana katse dattawa. Amma wannan matashi rabin darasin ya ɗauka, ya koyi tuhumar maganar wasu, bai koyi tuhumar tasa ba. Daniel Kahneman, a littafinsa na 2011, Thinking, Fast and Slow, ya tara gwaje-gwajen da suka nuna cewa hankalin kowa, har da na ƙwararru, yana saurin yanke hukunci yana kuma yarda da kansa fiye da kima. Wanda ya karanta shi da gaske zai rage ɗaga murya.

Kimiyya kuma ba ta faɗa wa mutum abin da ya kamata ya daraja; wannan aikin addini ne da tarbiyya da falsafar ɗabi'a. A 1974 Anthony Kirk-Greene ya wallafa wata lacca a kan mutumin kirki a wurin Bahaushe, ya lissafa halaye goma: gaskiya, amana, karamci, haƙuri, hankali, kunya, ladabi, mutunci, hikima da adalci. Kunya tana ciki, amma gaskiya ce ta farko, kuma adalci ba ya yiwuwa sai an saurari kowane ɓangare an auna. Shehu Usmanu da kansa ya rubuta Hisnul Afham don ya rushe ruɗe-ruɗen da suka yaɗu tsakanin ɗaliban zamaninsa, a Nurul Albab kuma ya soki malaman da ke barin matansu da 'ya'yansu mata cikin jahilci, alhali al'ada tana bayansu. Sa'adu Zungur, wanda ya rasu a 1958, ya faɗa wa sarakunan Arewa magana mai ɗaci a waƙarsa ta Arewa Jamhuriya ko Mulukiya, ba tare da zagi ba.

Littattafan mantiƙi da falsafar kimiyya cikin harshen Hausa ba su da yawa, kuma wannan nauyi ne a wuyan malaman jami'o'inmu. Kafin a samu, Infaƙul Maisuri yana da fassarar Hausa, waƙoƙin Nana Asma'u da na Sa'adu Zungur suna nan. Ina ba ka shawara ka sa jikokin su karanta maka wasiƙar al-Kanemi da amsar Bello bayan sallar isha'i, ka nemi kowannensu ya fara maimaita hujjar ɓangaren da bai goyi baya ba, har sai ka gamsu ya faɗe ta daidai, sannan ka ba shi dama ya kawo tasa.