Kalandar Haske a Labarin Ƙage

Tambaya: Malam, daga Mai Wurno nake rubutowa. Ina ƙaga labarin wata duniya da babu farin wata a samanta, da haske suke ƙirga lokaci. Yaya zan tsara shekararsu?

Amsa: 'Yata, tunda babu wata, kada ki ce "watanni", ki ce zango. Ari sunayenmu na lokutan yini: Zangon Hantsi na shuka, Zangon Almuru na girbi. Kafa musu sanda a tsakar gari. Ranar da inuwarta ta fi tsawo da azahar, shekara ta juya. Ni dai mai duban sandar nan ne ya kama min rai. In hazo ya rufe rana fa, maganar wa za a bi? Shekarar Hijira kwana 354 ko 355 ce, saboda sai an ga jinjirin wata. Sa wa mutanenki irin wannan jiran da gardamarsa.