Wisiye ya kawo takarda: kwana 10 gare ka, Alhaji

Wani mai shagon hatsi a babbar kasuwar Garwa ya aiko da tambaya. Ya karɓi shinkafa buhu 300 bashi daga wani dila na Ngaundere a kan sefa miliyan 6, ya biya miliyan 2 ta waya, sannan ya tarar ruwa ya taɓa buhu 40, ya tsayar da biya. Yanzu wisiye, wato mai kai takardun kotu, ya kawo masa umarnin biya da ake kira injonction de payer, ana neman miliyan 6 cif. Abokinsa na Mubi ya ce masa sai ya roƙi alƙali izinin kare kansa tukuna. Me zai yi?

Alhaji, abokinka ya faɗa maka yadda ake yi a Najeriya ne. A can, idan aka kai ƙarar bashi ta gajeriyar hanya, sai wanda ake bi ya shigar da takardar rantsuwa, alƙali ya gamsu cewa yana da hujja, kafin a saurare shi. Mu a Kamaru da Cadi dokar kasuwanci ta OHADA muke bi, wadda ƙasashen Afirka 17 suka yi tarayya a kanta. A nan ba ka neman izinin kowa. Ƙalubalantar umarnin, abin da lauyoyi ke kira opposition, haƙƙinka ne. Abin da ke kayar da mutane shi ne lokaci.

Tsohuwar dokar 1998 ta ba da kwana 15 daga ranar da aka miƙa maka takarda. An sabunta ta a 2023, sabuwar ta fara aiki a Fabrairun 2024, ta mayar da wa'adin kwana 10. Har gobe za ka ji ana cewa sha biyar a rumfunan kasuwa, kada ka saurara. Duba kwanan watan da wisiye ya rubuta, daga nan ake lissafi.

Na san abin da zuciyarka ke raya maka: a tura dattawan kasuwa su ba dila haƙuri, a zauna a sasanta. Tura su, amma bayan ka shigar da ƙalubalenka. Zaman sulhu a ƙofar shago ba ya tsayar da kwanakin kotu. In wa'adi ya wuce, dila zai koma a buga wa takardar hatimin zartarwa, daga nan asusunka na banki da kayan shagonka sun shiga hannun wisiye, kuma a kan miliyan 6 ɗin, har da kuɗin da ka riga ka biya. Ita kanta kotun da sulhu take farawa, ka ga ba ka rufe ƙofar sasanci ba.

Ƙalubalen ba wasiƙa ba ce da za ka rubuta wa alƙali. Ta hannun wisiye ake yin sa, a sanar da dila da magatakardar kotun da ta ba da umarnin, a kuma sa ranar zama wadda ba ta wuce kwana 30 ba. Kuskure a nan yana rusa komai, saboda haka ka nemi lauya gobe da safe.

Ka tuna alƙali ya sa hannu ne bayan ya ga takardun dila kaɗai. Da zarar ka ƙalubalanta, nauyin tabbatar da bashin yana wuyan dila. Hujjarka mafi ƙarfi ita ce miliyan 2 ɗin nan. Fito da saƙon Orange Money ko MTN da ya shigo wayarka, mai lamba da kwanan wata, ka buga shi a takarda. Tsakanin 'yan kasuwa doka tana karɓar kowace irin shaida, har saƙon WhatsApp da littafin shago.

Batun jiƙaƙƙun buhuna ya fi santsi. Aibin da ido ke gani ranar karɓar kaya, dole mai saye ya sanar da mai sayarwa cikin wata guda, in ba haka ba ya rasa wannan hujja. Ka gaya masa a lokacin? Da me? In muryar da ka tura masa tana nan tare da hoton buhunan, kada ka bari yara su taɓa wayar.

Shawarata, kada ka musanta bashin gaba ɗaya, alƙalai sun saba da wannan. Cire abin da ka biya, cire kuɗin buhu 40, ka amsa sauran miliyan 3 da dubu 200. A kan wannan za ka iya roƙon a sassauta maka biya kashi-kashi, doka ta ba alƙali damar jinkirtawa har shekara guda, muddin ba cek ka rubuta masa ba.