Gasasshen dankalin turawa mai cikin nama: abin da za ku sayo da abin da za ku bari a kasuwa

Tambayoyin wannan makon kusan duk a kan abinci guda suka taru. A Birtaniya da Ailan akwai tsohon girkin gida da ake kira shepherd's pie: niƙaƙƙen naman tunkiya ne da ake dafawa da albasa da karas da fis cikin romo mai kauri, a juye a faranti mai zurfi, a rufe da dakakken dankali, a gasa har sama ya yi ja. Suna kuma da al'adar gasa babban dankali sukutum da ɓawonsa, su tsaga shi su zuba wani abu a ciki. Sai masu girki suka haɗa biyun. A gasa dankalin, a kwashe cikinsa, a cika ɓawon da naman, a mayar da dakakken cikin a sama, a sake gasawa. Kowa da nasa a faranti, ba sai an yanka an raba ba.

"Anti, barka da aiki. Na gwada wannan girki, amma ɓawon ya yage min a hannu ina kwashe cikin, abin da na kwaso kuma ya yi danƙo. Wane irin dankali zan saya?" Wata amarya daga Zariya.

Amarya, ba hannunki ne ya yi laifi ba, tun a kasuwa aka samu matsalar. Dankalin turawa iri biyu ne idan ana maganar girki. Akwai mai gari, wanda sitacinsa ke da yawa ruwansa kaɗan, idan ya dahu sai ya warware ya yi laushi. Akwai kuma mai santsi, wanda ke riƙe jikinsa, shi ya dace da fate da salak. Turawan Ingila suna neman Maris Piper ko King Edward don gashi, Amurkawa kuma Russet. Mu nan yawancin abin da ke zuwa kasuwanninmu daga Filato yake, Bokkos da Mangu da Barikin Ladi, kuma cikin irin da aka daɗe ana nomawa can akwai Nicola, wanda mai santsi ne. Mai tiren dankali ba zai gaya miki sunan iri ba, sai dai ya ce na Jos ne mai kyau. Don haka gwaji za ki yi. Ki sayi biyu kacal ki dafa da ɓawonsu. Idan ɓawon ya tsattsage, cikin ya yi gari-gari a cokali, ki koma wurin mutumin nan ki sayi kwano. Idan ya fito sumul yana ƙyalli, ki ajiye shi don fate.

Sai girma. Ki zaɓi wanda ya cika tafin hannu, wajen giram 250 zuwa 300, mai ɗan tsawo, kuma duk su zo kai ɗaya don su dahu tare. Kada ki yarda a auna miki a rufe. Ki tsuguna ki zaɓa da hannunki, ko da zai ɗan ƙara miki kuɗi, domin manyan a saman kwando suke, na ƙasa sai Allah.

Yagewar da kika ce kuwa, ina zargin sabon tono kika saya. Wajen Yuli da Agusta, lokacin girbin damina, dankali yakan zo da ɓawo siriri wanda ko da babban yatsa kika murza sai ya saɓule. Yana da daɗin ci, amma ba ya iya zama mazubi. Ki nemi wanda ɓawonsa ya bushe ya kama jiki. Ki guji mai kore a jiki da wanda ya fara tsiro ko ya yamutse. Koren nan alama ce ya sha haske, kuma tare da shi ake samun wani sinadari mai ɗaci da ake kira solanin, mai sa ciwon ciki da amai, wanda gashi ba ya kashe shi. Tunda a wannan girkin har ɓawon ake ci, ba a sassauci a nan.

Idan mai santsin kaɗai kika samu, ba a fasa ba. Ki daka cikin tun da zafinsa, da cokali mai yatsu, a hankali. Kada ki kai shi bilenda, kada ki tuƙa shi da muciya. Yawan juyi ne ke fasa sitacin ya saki danƙo. Kuma wajen kwashewa ki bar kaurin kusan rabin santimita a jikin ɓawon.

"Salamu alaikum. Dole ne sai naman rago? Kuma in sayi niƙaƙƙe na leda a babban kanti, ko in je wurin mahauci?" Wani magidanci daga Kano, wanda ya ce shi ke cefane.

Wa alaikumus salam, Malam, Allah ya ƙara buɗi. Ba dole ba ne. Su kansu masu girkin suna yin sa da naman sa, sai dai a lokacin cottage pie suke ce masa. Ni dai na fi son na rago, saboda ƙamshinsa yana shiga dankali yadda na sa ba ya yi. Amma idan iyalinka ba sa son ƙarnin tunkiya, ko kuɗin ya yi nauyi, ka sayi na sa hankali kwance.

Abin da zan roƙe ka shi ne ka ga naman da idonka kafin a niƙa. Ka je wurin mahaucinka da safe, ka ce a yankar maka ƙarfata, ko wuya idan ƙarfata ta ƙare. Wuraren nan suna da ɗan kitse da jijiya masu narkewa su ba romo jiki. Cinya zalla tana bushewa, ta fito tsaki-tsaki a baki. Kitsen kada ya wuce kashi ɗaya cikin biyar, domin kitsen rago yana saurin daskarewa, da abincin ya ɗan huce sai ka ji shi a ganɗa. A niƙa a gabanka, a injin da ka ga an wanke. Idan babu inji, mahauci ya daddatsa maka da wuƙa ƙanana-ƙanana, ni ma hakan ya fi min daɗi a baki.

Na leda ba laifi ba ne idan kantin yana da tsayayyar wuta. Ka duba ranar da aka ɗaure shi, ka duba ko jini ya taru ya daskare a gefen ledar, wanda ke nuna ya narke an sake daskarar da shi. Niƙaƙƙen nama ya fi tsoka saurin lalacewa, tunda duk abin da ke bayan naman an cuɗa shi ciki. Shi ya sa ake so ya dahu sarai, babu ja ko kaɗan a tsakiya. Rabin kilo ya ishi manyan dankali huɗu har da ragi.

Ka isar wa uwargida da wannan, don a nan girkin ke gyaruwa ko ya ɓaci. Ta sa naman a kasko mai zafi ta bar shi, kada ta yi ta juyawa, sai ruwansa ya ƙone ya fara kamawa yana ja. Ta tsiyaye kitsen da ya yi yawa, ta zuba albasa ɗaya da karas biyu yankan ƙanana, da tafarnuwa. In sun yi laushi, cokali ɗaya na tumatirin gwangwani da cokali ɗaya na fulawa, ta juya minti guda, sannan romo kofi ɗaya da ɗan ƙari. A rage wuta minti 25 zuwa 30. Fis a ƙarshe, don kada ya dafe. Alamar ya yi ita ce ta ja cokali a tsakiyar kaskon, hanya ta buɗe ta ɗan tsaya kafin ta rufe. Idan ya yi ruwa, zai jiƙa ɓawon ya zube a tire.

"Anti, girkin da na gani an sa Worcestershire sauce da jan giya. Ni Musulma ce. Me zan yi?" Wata ɗaliba da ke karatu a Ingila.

Ƙanwata, giyar ki cire ta gaba ɗaya, babu abin da za ki rasa. Romo mai kyau ya wadatar. Shi kuma wancan ruwan ɗanɗanon, wanda kamfanin Lea & Perrins ya fara sayarwa a garin Usta (Worcester) na Ingila tun 1837, abin da ke cikinsa ruwan tsami ne da tsamiya da ƙananan kifaye da aka tsima da albasa da tafarnuwa da zaƙi. Ki karanta jikin kwalbar da za ki saya, tunda kamfanoni sun bambanta. Masu karatu da ke gida kuwa ba sai sun nemi kwalbar ba. Cokali ɗaya na ruwan tsamiya mai kauri da ɗan ƙullin daddawa da aka daka suna kawo tsamin nan da zurfin ɗanɗanon da ake nema. Kaɗan dai, don daddawa tana da ƙarfi.

"Ba ni da obin. In sayi ƙaramin na lantarki, ko na'urar nan mai suya da iska mai zafi, ko in haƙura?" Wata uwa daga Maraɗi.

Hajiya, kada ki sayi na'ura saboda girki ɗaya. Babban dankali yana cin awa ɗaya zuwa awa ɗaya da kwata a zafin digiri 200, sannan gashi na biyu minti 15 zuwa 20. Ki tambayi kanki ko wutar unguwarku tana tsayawa haka. Idan tana tsayawa kuma kina yawan yin kek da gashin kaza, ƙaramin obin ya fi amfani, domin yana ɗaukar dankali shida a lokaci guda. Na'urar iskar tana busar da ɓawo ya yi ƙaras-ƙaras, ta fi sauri, amma kwandonta ƙarami ne, gidan mutum biyu ko uku ta dace da shi.

Idan babu ko ɗaya, babbar tukunyarki ta isa, yadda ake gasa kek a gawayi. Ki zuba yashi mai tsabta a ƙasa, ki ɗora ƙaramin tire a kai, ki rufe ta yi zafi sosai kafin ki jera dankalin. A gashi na biyu ki sa garwashi a kan murfin, shi zai sa saman ya yi ja. Ko ta wace hanya, ki wanke dankalin ki tsane shi, ki caccaka da cokali mai yatsu don tururi ya samu mafita, ki shafa mai da gishiri. Ya dahu idan wuƙa ta shige tsakiya ba turjiya.

Wasu sun tambaya a kan cuku da bota. Cuku ƙari ne, asalin girkin ba ya buƙatarsa. In kuna so, Cheddar ke narkewa. Cukun Fulani da na Abzin ba sa narkewa, kada a ɓata su. Bota cokali biyu da madara mai ɗumi cokali huɗu ko biyar sun ishi cikin dankali huɗu, kuma soyayyen man shanu yana maye gurbin bota, har ya fi ƙamshi. Bayan kun ɗora dakakken dankalin a kan naman, ku ja cokali mai yatsu a sama ya yi layi-layi, bakin layukan ne ke soyuwa. Dankalin Hausa ma yana yi, sai dai ɓawonsa ya fi taushi kuma yana da zaƙi, don haka a ƙara wa naman attaruhu.

"Ina so in yi wa baƙi ashirin ranar walima. Zan iya gasawa tun daren jiya in naɗe a takardar alminiyam?" Wata Hajiya daga Kaduna.

Hajiya, don Allah kada ki bar gasasshen dankali a naɗe cikin takardar nan ya kwana a waje. Dankali daga ƙasa yake fitowa, ƙwayar cutar botulizim kuma a ƙasa take zama. Zafin gashi ba lallai ya kashe irinta ba, naɗin kuma yana hana iska shiga, wanda shi ne yanayin da take yaɗuwa ta saki guba. A 1994, a birnin El Paso na jihar Tekzas a Amurka, mutum 30 sun kamu bayan cin wani haɗi da aka yi da dankalin da aka gasa a naɗe aka ajiye ba a firji ba. Guba ce mai shanye jiki har ta hana numfashi, kuma ba lallai hanci ko harshe su gane ta ba.

Ga yadda za ki yi. Ki dafa naman tun jiya, ki baza shi a faranti mai faɗi ya huce da wuri, ya shiga firji cikin awa biyu, ko awa ɗaya idan lokacin zafi ne. Naman da ya kwana ma ya fi kauri da daɗi. Dankalin kuma ki gasa shi da safiyar walima, ba naɗi, ki kwashe ki daka da zafinsa. Idan firjinki abin dogara ne, kina iya haɗa komai tun dare ki jera a tire ki rufe, amma gashi na biyu zai kai minti 30, kuma sai kin tsaga ɗaya kin ga tsakiyarsa na tururi kafin ki kai wa baƙi. Ga mutum ashirin ki tanadi dankali 24, don wasu za su yage wajen kwashewa, da nama kilo biyu da rabi. Waɗanda suka yage ki haɗa cikinsu da na sauran, saman zai ƙara tudu.