Kazata ta yi tsami ta bushe: yaya ake haɗa moho irin na Kyuba?

Tambaya: Assalamu alaikum Anti, da fatan kina lafiya. Na ga wani bidiyo na mutanen Kyuba suna tsuma kaza cikin ruwan lemu da tafarnuwa, suna kiran haɗin moho. Sun ce da wani lemu na daban suke yi, ni kuwa ban san inda zan same shi a Zariya ba, sai na matse lemun tsami zalla, na daka tafarnuwa na zuba, na bar kazar a ciki tun magariba har azahar ɗin washegari. Da na gasa sai naman ya yi fari ya bushe, ga tsami kamar me, har maigida ya tsame hannu. Tafarnuwar ma ta koma kore-kore, abin ya ba ni tsoro. Ina kuskuren yake, kuma me zan sa a madadin lemun nasu?

Amsa: Wa alaikumus salam 'yar'uwa. Bari in fara kwantar miki da hankali kan tafarnuwar: ba guba ba ce. Ɗanyar tafarnuwa in ta daɗe cikin abu mai tsami takan rikiɗe ta koma kore ko shuɗi-shuɗi, saboda sinadaran da ke cikinta ne ke haɗuwa da juna su ba da wannan launi. Ana ci lafiya lau. Abin da ya ɓata miki kaza daban ne, kuma abu biyu ne: lemun tsami zalla, da tsawon lokacin da kika bari.

Lemun da kika ji suna magana a kai, su Kyubawa suna kiransa naranja agria. In kin gan shi a faranti za ki ɗauka lemun zaƙi ne mai kaurin ɓawo da ƙuraje-ƙuraje, amma ba ya shayuwa. Yana da tsami, yana da ɗan ɗaci a ƙarshen harshe, ga ƙamshin ɓawo mai ƙarfi da ya fi na lemun zaƙi nesa ba kusa ba. Larabawa ne suka kai shi Andalus, har yau kuma bishiyoyinsa ne jere a titunan birnin Sebiliya na ƙasar Sifaniya. Daga can Sifaniyawa suka tsallaka da shi tsibiran Karibiyan, ya kama ƙasa a Kyuba. Al'adar daka tafarnuwa da kumin da mai a turmi kuwa ana danganta ta da mutanen tsibiran Kanari na ƙasar Sifaniya, waɗanda suka yi ƙaura zuwa Kyuba da yawan gaske. Haɗuwar wannan daka da wancan lemu ita ta haifar da abin da kika gani a bidiyo. Bayan juyin juya halin 1959 Kyubawa da dama sun koma Miyami a Amurka, suka tafi da girkinsu, shi ya sa yanzu kamfanoni irin su Goya da Badia ke sayar da moho a kwalba, an rubuta mojo criollo a jiki. Ni dai ba na ba da shawarar na kwalba ko da kin samu, gishirinsa ya yi yawa, ƙamshin lemun kuma ya riga ya gudu.

To, lemun tsami da kika yi amfani da shi tsaminsa ya ninka na lemun zaƙi kusan sau biyar, kuma kusan babu zaƙi a cikinsa. Shi naranja agria tsakiya yake zaune. Don haka dabarar da Kyubawan da ke zaune a ƙasashen waje suka daɗe suna yi ita ce haɗa biyun: kashi biyu na ruwan lemun zaƙi, kashi ɗaya na lemun tsami. Ki zaɓi lemun zaƙin da bai gama nuna ba, wanda in kin sha zai ɗan sa ki runtse ido, irin wanda mai lemu ke jin kunyar sayar miki. Shi ya fi kusa da nasu. In wanda kika samu mai zaƙi ne cau, ki mai da haɗin rabi da rabi. Sannan ga abin da mutane da yawa ke mantawa: ki wanke lemu ɗaya tas, ki goge saman ɓawonsa a magogi, koren ko ruwan ɗorawan kaɗai, kamar cikin ƙaramin cokali guda, ki zuba. A nan ƙamshin da ɗan ɗacin suke. Kada ki goga har ki kai farin nan na ciki, shi ɗacinsa ba mai daɗi ba ne. Wajen matsa ma kada ki murɗe lemun tsamin har ɓawo ya yi kuka, kuma ki tace 'ya'yan.

Ga ma'auni na kaza guda mai nauyin kilo ɗaya da rabi. Tafarnuwa kai guda babba, wato ƙwaya 10 zuwa 12. Gishiri ƙaramin cokali 2. Kumin ƙaramin cokali 1, busasshen oregano ƙaramin cokali 1, masoro rabin ƙaramin cokali. Ruwan lemun zaƙi mililita 160, na lemun tsami mililita 80, duka sun tashi kofi guda ke nan. Mai kwatan kofi, sai albasa ɗaya madaidaiciya a yanka zobe-zobe. Man zaitun suka fi sawa, amma man gyaɗa mai kyau wanda ba a soya komai da shi ba ya wadatar. Kumin da oregano ana samunsu a manyan kantuna da wajen masu kayan ƙamshin Indiya da Larabawa. Ki kula, kumin ba habbatus sauda ba ne, kada mai kaya ya ce miki duk ɗaya ne. In oregano ya gagara, tayim rabin wannan ma'auni zai tsaya masa, kodayake ɗanɗanon zai ɗan karkata. Kumin kam ba shi da madadi. Babu kori a wannan haɗi, babu citta, babu attaruhu, babu dunƙulen ɗanɗano. Girkin Kyuba ba mai yaji ba ne, in hannunki na ƙaiƙayi ki ajiye yajin a gefen faranti.

Ki fara gasa kumin ɗin a busasshen kasko na ɗan lokaci har ƙamshinsa ya tashi, ki sauke kafin ya yi duhu. Ki zuba shi a turmi tare da masoro ki daka, sannan ki sa tafarnuwa da gishiri. Gishirin ne ke kama tafarnuwar ya hana ta tsalle, yana kuma taimakawa ta narke. Ki ci gaba da daka har ta zama laushi mai danƙo tana manne wa taɓarya, babu gutsuri ko ɗaya. Daga nan ki bar ta kamar minti biyar kafin ruwan lemu ya taɓa ta. Dalili shi ne ƙarfin tafarnuwa ba ya fitowa sai an farfasa ta, tsami kuwa yana tsayar da wannan aiki nan take. Wadda ta jefa komai a injin markaɗe lokaci guda za ta samu haɗi mai kumfa da tafarnuwa marar kuzari. Bayan minti biyar ɗin ki murza oregano a tafin hannu ki zuba, ki sa ruwan lemu da gogaggen ɓawo da mai, ki juya. Ki ɗanɗana. Ya kamata ki ji shi ya ɗan fi ƙarfin baki a gishiri da tsami, domin nama zai kwashe rabi.

Kafin nama ya shiga, ki ɗibi kashi ɗaya cikin uku ki ajiye gefe a firji. Zan dawo kansa.

Yanzu batun lokaci, inda kazarki ta halaka. Mutane na ɗauka in nama ya daɗe cikin tsami laushi yake ƙarawa. Tsami ba ya shiga can ciki, a saman nama yake aikinsa, kuma aikin nasa irin na wuta ne: yana ƙanƙance naman ya mai da shi fari ya matse ruwansa. Farin da kika gani ke nan, kazar ta riga ta fara dahuwa a sanyi tun kafin ki ɗora a wuta, sai kika sake gasa ta a kai. Abin da ke ratsawa har ƙashi gishiri ne. Saboda haka kaza yankakkiya awa 2 zuwa 4 ya ishe ta, kada ta wuce 6. Ƙirjin kaza marar ƙashi awa 1 zuwa 2. Kifi minti 20 zuwa 30, ko minti ɗaya kada ki ƙara. Babban dunƙulen nama, kamar cinyar rago, shi ke iya kwana, shi ma sai an soka masa wuƙa wurare da dama an cusa dakakkiyar tafarnuwar a ramukan. Kazar gida mai tauri, in so kike ta yi laushi, ki shafe ta da gishirin tun dare, ki rage shi daga haɗin, da safe ki sa ta a moho. Duk wannan a firji ake yi, cikin kwanon tangaran ko na gilashi ko roba mai murfi. Tukunyar alminiyam ba ta shiri da tsami, za ta ba naman ɗanɗanon ƙarfe. In babu wuta, kada ki bar ɗanyar kaza a zafin nan namu fiye da awa guda, gara ki tsuma ta gajere ki dogara da wanda kika ajiye gefe.

Lokacin gashi ki tsamo naman ki share tafarnuwar da ta manne a fata, don ita ce ke fara ƙonewa ta yi ɗaci. Garwashi matsakaici, ko oben a digiri 200 na kamar minti 40 zuwa 45, har sai kin soka cinya ruwan da ya fito ya zama garau babu ja. Mai ma'aunin zafi ta nemi digiri 74 a tsakiyar naman. Ruwan da ɗanyar kaza ta zauna a ciki ba a zuba shi kan dafaffen abinci sai an tafasa shi sosai.

Wancan kashi da kika ajiye, a wajena shi ne rabin daɗin girkin, kuma shi bidiyoyi suka fi tsallakewa. Ki ɗora ƙarin mai cokali uku a wuta, ki zuba albasar da ƙarin tafarnuwa ƙwaya huɗu dakakku, wuta ƙasa-ƙasa, har albasa ta yi laushi tafarnuwa ta saki ƙamshi ba tare da ta yi ja ba. Ki sauke, ki bari ƙarar man ta lafa, sannan ki zuba kashin da kika ajiye a hankali kina ja da fuskarki baya, don zai yi tartsatsi. Wannan shi ake kwarara wa kan kazar tana fitowa daga wuta. Ƙamshin lemun da gashi ya kora, a nan yake dawowa sabo.

Da irin wannan suke cin rogo, abincin da suke kira yuca con mojo. Ki fere rogo mai zaƙi, irin wanda ake dafawa a ci, ban da mai ɗaci na yin gari. Ki dafa da gishiri har ya tsattsage, ki zare jijiyar tsakiya, ki tsiyaye, ki kwarara moho mai zafi tun rogon na tururi don ya sha. In ya huce kafin ki zuba, mai zai tsaya a sama kawai. Akwai kuma vaca frita, naman shanu da ake dafawa a yayyaga shi sili-sili kamar za a yi dambun nama amma ba a kai shi laushin dambu ba, a tsuma shi rabin awa a lemu da tafarnuwa, a soya da albasa har gefensa ya yi ƙamas-ƙamas, a ci da farar shinkafa da baƙin wake.

Wani abu da ya kamata ki sani in za ki ci gaba da bin girke-girkensu: babban abin da Kyubawa ke tsumawa da moho alade ne, musamman na bikin daren 24 ga Disamba, kuma wasu kan narka kitsen alade a madadin mai, wasu su ƙara giyar girki da suke kira vino seco. Ko ɗaya ba dole ba ne a haɗin, ma'aunin da na ba ki cikakke ne ba tare da su ba. Amma in kin ga manteca a jerin kayan wani girki nasu, to kitsen aladen ake nufi galibi, sai ki sa mai.

In ya yi ragowa, wanda bai taɓa ɗanyen nama ba, ki zuba a kwalba mai tsabta ki sa a firji ki ƙarar cikin kwana 3 zuwa 4, ko ki daskarar da shi. Kada ki ajiye tafarnuwa cikin mai a waje ba a firji ba, domin wata ƙwayar cuta mai haɗari na iya hayayyafa a inda babu iska, kuma ba ta canza wari balle ki gane. Bayan kin gama matsar lemun tsami ki wanke hannu da sabulu kafin ki fita tsakar gida wajen gashi, don ruwansa in ya haɗu da zafin rana yana iya ƙona fata ya bar baƙin tabo na makonni.