Wa Ya Faɗa? Amsoshin Tambayoyinku a Kan Kalmomin Maza da Mata

Tambayoyin da suka taru mini a wannan karon kusan duk hanya ɗaya suka bi: maza da mata, da abin da harshenmu yake faɗa a kansu. Na zaɓi huɗu.

Ta farko daga wata malamar sakandare ce a Gusau. Ta ce: "Malam, muna shawara a ofishin malamai kan wanda za a ba shugabancin kwamitin jarrabawa, aka ambaci sunana, sai wani abokin aikinmu ya ce, 'Ƙarfin mata sai yawan magana,' ya ƙara da cewa Bahaushe ba ya magana a banza. Aka yi dariya, aka ba wani. Shin karin magana hujja ne?"

Malama, karin maganar da aka jefe ki da shi tsoho ne, ba abokin aikinki ya ƙirƙira ba. Yana da 'yan'uwa irin su "Mata dangin Shaiɗan" da "Kishi kumallon mata." Akwai su a bakinmu, suna da ɗaci, kuma ba zan yi musu kwaskwarima ba. Sai dai waɗannan na zaure ne. In kika wuce soro kika shiga tsakar gida, za ki tarar da wasu: "Namiji ba ɗan goyo ba ne," "Namiji ƙanin ajali." Har akwai wanda ɓangarorin biyu suke rabawa, "Namiji barkono ne, sai an tauna ake sanin yajinsa." Saurayi yana faɗarsa yana bugun ƙirji, tsohuwa kuwa in ta faɗa wa amarya, gargaɗi take yi mata.

Ina yaro, wata 'yar kawuna ta yi yaji, ta dawo gida da rana tsaka, idanunta sun kumbura. Kakarmu tana zaune a kan tabarma tana tankaɗe. Ta saurare ta har ta gama, ba ta ɗago kai daga rariya ba, ta ce, "Ai namiji ba ɗan goyo ba ne, yarinya." Nufinta, kada ki saki jiki da shi kamar jaririn da kika ɗaure a baya, duk renon da kika yi masa yana iya sauka ya kama gabansa. Bayan kwana uku 'yan biko suka zo. Kakar nan dai ita ce ta zaunar da ita a ɗaki tana cewa aure haƙuri ne, yi na yi, bari na bari. Ranar farko yarinya tana bukatar a nuna mata an ji zafinta, ranar ƙarshe ana so ta koma ɗakinta, kowace rana tsohuwa ta ɗauko maganar da za ta yi mata aiki. Haka ake amfani da karin magana. Shi ya sa muke da "Sannu ba ta hana zuwa," muke kuma da "Da zafi-zafi ake dukan ƙarfe," ba wanda ya ce ɗaya ya ƙaryata ɗaya.

Abin da yake ci mini tuwo a ƙwarya shi ne, in an kawo maganar maza a kan mata sai a ce "Hausawa suka ce," in an kawo ta mata a kan maza sai a ce "zancen mata ne." Alhali harshen da kansa ya san kowace magana da mai ita. Dubi irin su "Ban sa a ka ba, in ji ɓarawon tagiya," ko "Ba kukana ba, uwar kishiya ta mutu." An gaya miki wanda ya faɗa da halin da yake ciki, don ki auna maganar da mai ita.

Yadda aka fara rubuta karin maganar ma ya taimaka wajen wannan karkata. Merrick ya buga tarinsa a 1905, Bargery ya fitar da ƙamusunsa a 1934, Whitting ya biyo a 1940. Duk maza ne baƙi, kuma baƙo namiji a zaure yake tsayawa, cikin gida ba shiga. Da aka samu mace, Mary Smith, ta zauna da wata tsohuwa Bahaushiya, Baba ta Karo, a 1949 da 1950, sai ga littafi guda, wanda ya fito a 1954, cike da zancen ƙawance da kishi da haihuwa da mutuwar aure daga bakin wadda ta ɗanɗana su.

Ni kalmomin yabo ma sun fi tsaya mini a rai fiye da na zagi. Kirarin Sarauniya Amina ta Zazzau shi ne "mace mai kamar maza." In mace ta yi abin kirki sai mu ce ta yi "namijin ƙoƙari," in ta yi fice a taron malamai mu ce "kallabi tsakanin rawuna." Mudun da muke awo da shi na maza ne, ko da alheri muke nufi. Nana Asma'u 'yar Shehu, wadda ta rayu daga 1793 zuwa 1864, ta yi rubutu da Larabci da Fulatanci da Hausa, ta kafa 'yan taru, wato ƙungiyar ilimantar da mata, tana naɗa jajoji, malamai mata da suke kai karatu ƙauyuka, tana ba kowace malfa da jan rawani. Da yawan maganar matan nan, da waƙoƙin da suka haddace, ilimi ya shiga gidajen da malami namiji ba ya iya shiga. Don haka, Malama, karin maganar ya nuna miki abin da yake zuciyar abokin aikinki. Wanda ya cancanci kwamiti kuwa, sai a buɗe rajistar sakamakon ɗalibai a duba.

Tambaya ta biyu daga wani ɗalibin jami'a ce a Maraɗi: "Malam, mece ce ainihin ma'anar jinsi? Kuma da wace kalma za mu kira aƙidar nan da Turawa suke ce wa feminizim?"

Ɗana, jinsi aro ce daga Larabci, ma'anarta iri ko nau'i. Da ita muke cewa jinsin Larabawa, jinsin awaki, jinsin tsuntsaye. Masu nahawu suka ɗauke ta don rarrabe sunaye, jinsin namiji da jinsin mace. Daga baya 'yan jarida da ma'aikatan ƙungiyoyi suka ɗora mata wani kayan, suka ce "daidaiton jinsi." Kusan lokaci guda kuma "auren jinsi" ta cika rediyo, musamman da aka sa hannu a dokar haramta shi a Nijeriya a watan Janairun 2014. Kalma ɗaya ta ɗauki kaya biyu, mai sauraro a kasuwa kuwa ba kullum yake tsayawa ya sauke su ya bambance ba. A tsakiyar 2024, da Nijeriya ta shiga Yarjejeniyar Samoa da Tarayyar Turai, an yi ta hayaniya a majalisun unguwa da Facebook cewa an amince da auren jinsi, gwamnati tana musantawa. A ganina, wannan kalma tana cikin abin da ya hura wutar. Shawarata ga masu fassara, in maza da mata kuke nufi, ku ce maza da mata.

"Daidaito" ma fuska biyu gare ta. In na ce kuɗinmu daidai ne, nufina ba wanda ya fi. In na ce riga ta yi mini daidai, nufina ta dace da jikina, ko da ta fi taka girma. A watan Maris na 2016 Majalisar Dattawan Nijeriya ta yi watsi da ƙudurin da Sanata Biodun Olujimi ta kawo kan daidaita dama tsakanin maza da mata, kuma batun gado yana cikin abin da aka fi jan daga a kai. Da ƙudurin ya dawo a ƙarshen 2021, wasu sanatocin Arewa suka ce adalci sun yarda da shi, daidaito ne ba su yarda ba. Da yawa daga gardamar da nake ji a kan wannan, mutum biyu ne kowa ya riƙe fuska ɗaya ta kalmar yana zaton ɗan'uwansa ita yake nufi.

Game da sunan aƙidar, wasu masu nazarin adabi sun gwada "matantaka," a kan awon "mazantaka," amma ba ta fita daga aji ta shiga gari ba. Abin da ake ji a gari shi ne "'yancin mata" da "haƙƙin mata," kuma ba ɗaya ba ne a kunne. 'Yanci daga ɗa da 'ya'ya ta fito, wato wanda aka haifa ba bawa ba. Ku a wajenku kuna cewa ɗiyauci, asalin ya ma fi fitowa fili. Kishiyar 'yanci ita ce bauta. To, in ka ce wa magidanci kana neman wa matarsa 'yanci, abin da ya ji shi ne ka kira ta baiwa, shi kuma ka kira shi ubangijin bayi, sai ya toshe kunne. Haƙƙi kuwa kalmar shari'a ce, kowa ya san ana tambayar ta ranar gobe: haƙƙin ci da sha, na sadaki, na gado, na neman ilimi. Amma kada wannan ya sa mu jefar da ta farko. Hajiya Gambo Sawaba ta sha ɗauri a kan neman a bar matan Arewa su jefa ƙuri'a, abin da ba su samu a zaɓen tarayya ba sai 1979, kuma abin da ta nema sunansa 'yanci.

Wani matashi daga Kumasi ya ce ya ji ana cewa nahawun Hausa yana fifita namiji, ko gaskiya ne? Jinsin kalma ba ya bin darajar abu. Hula mace ce, ɗankwali namiji ne. Bindiga da sarauta mata ne, zane da goyo maza ne. Yawancin sunayen da suka ƙare da "a" mata ne, ban da irin su gida da ruwa da suna da wata. Garuruwa mata ne, shi ya sa muke cewa Kano ta Dabo. Giwa da muke yi wa sarki kirari da ita, ita ma mace ce. A Hausarku ta Gana, da wani sashe na Zazzau da Bauchi, wannan bambanci ya yi rauni ƙwarai, ana cewa "motan" a inda Bakano zai ce "motar," kuma hakan bai sauya zaman maza da mata a can ba. Inda ƙorafin yake da ɗan kamawa shi ne kalmar "mutum," wadda take nufin kowa, take kuma nufin namiji, har sai an ce "mutuniya" kafin a san mace ake nufi.

Ta ƙarshe daga Kano ta zo, kuma na daɗe ina juya ta. Ta ce: "Baba, shekarata 26, aurena ya mutu bara. Na je neman ɗakin haya kusa da wurin aikina, dillali ya ce mai gidan ba ya ba bazawara. Shin kalmar nan zagi ce?"

'Yata, Allah Ya musanya miki da mafi alheri. A asalinta ba zagi ba ce. Bazawara ita ce macen da ta taɓa aure, ta fita ta hanyar saki ko rasuwar miji, ta gama idda ko takaba, ana iya neman aurenta. Zaman da take yi shi ne zawarci, mai nemanta kuma bazawari. Kalma ce ta bayyana matsayi, kamar budurwa da amarya. Amma dubi gininta. "Ba" ɗin da ke farkonta shi ne na Bahaushiya da Bakatsiniya da baduku, jam'inta kuma zawarawa, kamar Hausawa da Katsinawa. Sai abin da ya sami mutum a rana ɗaya ya koma kamar ƙabilar da aka haife shi a ciki. Daga nan mutane suka lulluɓa mata zargi, wanda ba ya cikin ma'anarta. Shi dillalin ya miƙo miki.

Maza ma suna da nasu, gwauro da tuzuru, har a Kano Nalako yana kamun gwauro a tashen azumi. Sai dai na gwauro wasa ne na 'yan kwanaki, ban taɓa jin an hana shi haya saboda shi ba. Hukuma ma ta ji nauyin kalmar. Auren da gwamnatin Kano da Hisba suka fara ɗaurawa a 2012 da ma'aurata 100, "auren zawarawa" aka san shi da shi. Wanda aka ɗaura a Oktoban 2023 na mutum 1,800 da matansu, da 'yan mata a ciki, "auren gata" aka fi kiransa. Ga masu ƙyamar kuma, matan Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, in ban da Nana A'isha, duk sun taɓa aure kafin shi, tun daga kan Nana Khadija.

Ba ni da wata sabuwar kalma da zan ba ki, don duk wadda aka ƙirƙiro, zargin zai bi ta in bai fita daga zukata ba, kamar yadda "abokiyar zama" ba ta kashe kishi ba. Abin da na gani da idona dai shi ne na goggona. Ta fito daga gidan miji da 'ya'ya uku da turmi ɗaya. Shekarun farko, in an aiki yaro wajenta sai a ce ya je gidan bazawarar nan ta bayan masallaci. Ta kama soya gyaɗa tun asuba, tana matse mai, tana murza ƙuli-ƙuli har tafin hannunta ya yi kanta. Kwalaben manta suna jere a kan dakali, mata suna aiko yara da kwano daga unguwanni uku. Kafin babban ɗanta ya gama firamare, masu aike sun koma cewa gidan Goggo mai mai, kuma da wannan sunan aka yi sanarwar jana'izarta.